Yadda Ake Kare Iyali Daga Ƙurar Nukiliya

Mutane da yawa a nan Bauchi suna ɗaukar zancen makamin nukiliya a matsayin rigimar manyan ƙasashe wadda ba ta shafe mu ba, alhali kuwa ɗan jihar nan ne, marigayi Sa Abubakar Tafawa Ɓalewa, ya jagoranci gwamnatin da ta kori jakadan Faransa daga Legas a watan Janairun 1961 a kan wannan magana. Faransa ta tayar da bam ɗinta na farko ranar 13 ga Fabrairun 1960 a Raggan, cikin hamadar Aljeriya, kimanin kilomita 2,000 daga garin Bauchi, kuma kafin shekarar ta ƙare ta sake tayar da biyu. Ba wutar bam ɗin ce ta tayar wa shugabannin wancan lokaci hankali ba, domin ba za ta iso mu ba. Iska suka ji wa tsoro, wato iskar hunturu da ke kwaso ƙurar hamada ta zube mana a kan rufi da shanya da bakin rijiya kowace shekara.

Yau ƙasashe tara ne ke da wannan makami, jimilla kusan guda 12,000, kuma kimanin kashi 90 cikin 100 suna hannun Amurka da Rasha. Afirka ta haramta wa kanta shi ta yarjejeniyar Felindaba da aka sa wa hannu a Alƙahira a 1996, saboda haka a ganina da wuya a auna Bauchi ko Gombe kai tsaye. Abin da ya fi yiwuwa ya same mu shi ne ƙura marar yawa daga nesa wadda za ta shiga ruwa da nono, sai kuma tsadar abinci. Duk da haka zan bayyana matakan tun daga mafi munin hali, domin wanda ya san yadda ake tsira daga ƙura mai kauri ba zai ruɗe da 'yar kaɗan ba.

Abin da ke saukowa daga sama

Idan bam ya fashe a ƙasa ko daf da ita, yakan narkar da ƙasa da duwatsu da gine-gine, ya zuƙe su sama, su cakuɗe da guntayen sinadaran da suka rage daga fashewar. Idan suka huce sai su dawo ƙasa kamar yashi mai laushi ko toka. Masu nauyi suna faɗuwa cikin mintuna ko sa'o'i a ɓangaren da iska ta nufa, marasa nauyi kuwa suna iya yin makonni ko watanni a sama kafin ruwan sama ya sauko da su a wata nahiya dabam. Kowane ƙwayar wannan ƙura tana fitar da radiyeshan, wani ƙarfi da ido ba ya gani, hanci ba ya ji, amma yana ratsa jiki ya lalata ɓargo da hanji da fata.

Abin da ya faru a tekun Fasifik ya isa misali. Ranar 1 ga Maris 1954 Amurka ta gwada wani bam a tsibirin Bikini wanda ƙarfinsa ya ninka na wanda aka jefa wa birnin Hiroshima na Japan kusan sau 1,000. Bayan 'yan sa'o'i farar toka ta soma zuba a tsibirin Rongelap, fiye da kilomita 100 daga wurin, yara suka yi ta wasa da ita domin ba wanda ya gaya musu komai. Fatarsu ta ƙone, gashinsu ya zube, kuma bayan shekaru da yawansu suka kamu da ciwon halittar nan ta maƙoshi da ke kumbura idan mutum ya yi maƙoƙo. Wani jirgin kamun kifi na Japan mai ɗauke da mutum 23 shi ma tokar ta rufe shi, duka suka kwanta ciwo, ɗaya ya rasu a watan Satumbar shekarar. Babu ko ɗaya daga cikinsu da wutar bam ta taɓa, kuma da an gaya musu su shige ɗaki su wanke jiki, da cutar ba ta kai haka ba.

Mataki na farko: zaɓen ɗaki tun hankali yana kwance

Maganin radiyeshan da ke fitowa daga waje shi ne nisa da kauri. Ƙurar za ta kwanta a kan rufi da tsakar gida da kan katanga, saboda haka ɗakin da ake nema shi ne wanda ya fi nisa da waɗannan wurare, ya kuma fi kaurin bango. Ƙasa dannanniya mai kaurin santimita 9 tana rage ƙarfin radiyeshan da rabi, kankare kuma mai kaurin santimita 6 yana yin haka, kuma kowane ƙarin wannan kauri yana sake raba abin da ya rage biyu. Ke nan bangon ƙasa mai santimita 30 yana tare kusan kashi 90 cikin 100, mita ɗaya na ƙasa kuwa ba ya barin ko kashi ɗaya cikin 1,000 ya wuce.

A nan ne ginin iyayenmu ya yi wa na zamani fintinƙau. Soron da aka gina da tubali, aka yi masa rufin azara da ƙasa mai kauri, irin waɗanda suka rage a cikin tsohon gari, ya fi ɗakin bulo mai rufin kwano nesa ba kusa ba, domin kwano da silin kusan ba sa tare komai, bulo kuma cikinsa rami ne. Wanda yake da gidan bene mai rufin kankare, ya zaɓi ɗakin ƙasa na tsakiya wanda ba shi da taga zuwa waje. Wanda ba shi da ko ɗaya, kuma shi ne mafi yawanmu, ya duba tun yanzu wane gini ne mai kauri zai iya kaiwa da ƙafa cikin minti goma tare da yara da tsofaffi: babban masallaci, makaranta mai bene, ko ofishin gwamnati. Idan babu, ana iya ƙara wa ɗakin da ake da shi kauri. A jera buhunan ƙasa ko na hatsi da jarkokin ruwa a jikin bangon waje da kan taga, a ajiye tebur mai ƙarfi a kusurwar da ta fi nisa da waje, a ɗora masa buhuna gwargwadon abin da zai ɗauka ba tare da ya karye ba, iyali su zauna a ƙarƙashinsa a sa'o'in farko.

A cikin wannan ɗaki ya kamata a san inda za a samo abubuwa kaɗan da gaggawa: ruwan sha a rufe, aƙalla lita 4 ga kowane mutum a rana, musamman idan a bazara ne, abincin da ba ya bukatar dahuwa kamar garin kwaki, ƙuli-ƙuli, dabino, soyayyar gyaɗa da biskit, rediyo mai batir da tocila, sabulu, manyan ledoji, bokiti mai murfi domin bahaya, da magungunan masu hawan jini ko ciwon suga. Rediyon ya fi waya muhimmanci, domin layukan waya da intanet su ne farkon abin da ke ɗaukewa, sanarwar hukumar ba da agajin gaggawa ta NEMA da ta jiha kuwa ta gidajen rediyo za ta fito.

Mataki na biyu: mintunan farko

Wanda ya ga wani farin haske da ya fi na rana, kada ya kalle shi, domin yana makantarwa. Ya kwanta rub da ciki nan take, ya rufe kansa da hannuwa, ya nisanci gilashi, ya jira har ƙarar da guguwar su wuce, domin suna iya zuwa bayan daƙiƙoƙi masu yawa. Daga nan, ko da a kusa ne, yawanci akwai kimanin minti goma kafin ƙura ta soma sauka, kuma wannan lokacin na shiga gini ne mafi kusa kuma mafi kauri. Mota da keke napep ba mafaka ba ne.

Abu mafi wuya ga uwa da uba shi ne wannan: idan yara suna makaranta, a bar su can. Yaron da ke cikin ajin siminti tare da malaminsa ya fi wanda aka goyo a babur ta cikin ƙura aminci, kuma uban da ya fita nemansa zai iya kwaso abin da zai kashe shi cikin awa ɗaya. Wannan magana ce da ya kamata iyaye da shugabannin makarantu su yi ta tun ana zaune lafiya. Haka nan almajirai da masu talla da baƙin kasuwa waɗanda ba su da ɗakin shiga, alhakinsu yana kan duk mai zauren da ya fi kusa da su.

Bayan an shiga, a rufe ƙofofi da tagogi, a kashe fanka da na'urar sanyaya ɗaki da ke jawo iskar waje, a toshe manyan kafofi da tsumma. Kada a liƙe ɗaki har numfashi ya gagara, kuma ko kusa kada a kunna janareta ko a hura gawayi a ciki, domin hayaƙinsu yana kisa cikin dare ɗaya, tun kafin radiyeshan ya yi nasa aikin.

Mataki na uku: wanda ya shigo da ƙura a jikinsa

Kada a hana kowa shiga saboda tsoron ya kwaso cuta. Radiyeshan ba ya yaɗuwa daga mutum zuwa mutum kamar kwalara; abin da ke jikinsa ƙura ce, kuma ƙura tana fita. Ya tsaya a zaure ko bakin ƙofa, ya tuɓe kayan sama a hankali ba tare da kakkaɓewa ba, wato babbar riga, hula, rawani, hijabi ko mayafi, da takalmi. Wannan kaɗai yana iya raba shi da kusan kashi 90 cikin 100 na abin da ya kwaso. A zuba kayan a leda, a ɗaure bakinta, a ajiye ta nesa da mutane da dabbobi. Mata su samu wani lungu da wata mace za ta taimaka musu, a kuma tanadi zannuwa masu tsabta a ciki, domin kada kunya ta sa wata ta zauna da hijabin da ya sha ƙura.

Sai wanka da sabulu da ruwa mai ɗumi, daga kai zuwa ƙasa, ba tare da dirzar fata da soso mai kaushi ba, domin idan fata ta ƙuje ƙurar za ta samu hanyar shiga. A wanke gashi da gemu da sabulu kawai, kada a shafa man kitso ko wani man gashi, saboda maiƙo yana riƙe ƙura. A fyace hanci, a goge fatar ido da kunnuwa da jiƙaƙƙen ƙyalle, a wanke ƙarƙashin farce. Idan ruwa ya yi ƙaranci, goge fuska da hannuwa da duk inda tufafi bai rufe ba da jiƙaƙƙen tsumma ya wadatar. Wanda zai yi taimama saboda tattalin ruwa ya yi da ƙasa ko dutsen da ke cikin ɗaki tun farko, kada ya ɗebo daga tsakar gida.

Mataki na huɗu: haƙurin zama

Wannan shi ne matakin da ke ceton rayuka fiye da kowanne, kuma dalilinsa lissafi ne mai sauƙi. Ƙurar nukiliya kamar garwashi take, tana da tsananin zafi da farko, sannan ta riƙa hucewa da kanta. Duk lokacin da sa'o'in da suka wuce bayan fashewar suka ninka sau bakwai, ƙarfinta yana raguwa zuwa kashi ɗaya cikin goma. Idan aka auna ta awa ɗaya bayan fashewa, to bayan awa 7 saura kashi ɗaya cikin 10, bayan awa 49, wato kwana biyu, saura ɗaya cikin 100, bayan mako biyu kuma saura ɗaya cikin 1,000. Mutumin da ya tsere a ranar farko ya fita ne a daidai lokacin da ƙurar ta fi kisa, ya kuma shiga cunkoson hanyar Jos ko ta Kano inda zai yi sa'o'i a fili ba tare da bango ko ɗaya tsakaninsa da ita ba.

Saboda haka a zauna aƙalla awa 24 ko da me ake ciki, kuma ya fi kyau a cika kwana biyu ko uku idan ba a ji wata sanarwa ba. Abin da zai sa a fita kafin haka shi ne gobara, ko gini na shirin rushewa, ko rashin lafiyar da ba ta jira. Idan dole ta sa wani ya leƙa waje domin ruwa ko dabbobi, babba ne zai fita, kuma ya fi dacewa wanda ya manyanta, domin jikin yara da 'yan tayi a ciki ya fi saurin cutuwa. Ya rufe hanci da baki, ya sa takalmi da wata riga ta sama da zai tuɓe a bakin ƙofa, ya yi abin da ya fitar da shi cikin mintuna.

Mataki na biyar: ruwa, hatsi da nono

Wannan ɓangaren ya fi shafar mu, domin ko yaƙin a wata nahiya aka yi, ta nan abin zai iso. Tafasa ruwa ba ya kashe radiyeshan, haka ma zuba masa sinadarin kashe ƙwayoyin cuta, domin ba abu ne mai rai ba. Ruwan da ke rufe tun kafin ƙura ta sauka lafiyarsa ƙalau: na leda, na jarka, na randa mai murfi, na tankin da ke rufe, sai dai a goge bayan mazubin kafin a buɗe. Ruwan burtsatse da na rijiya mai murfi su ne na biye. Na kududdufi da rafi da buɗaɗɗiyar rijiya abin gudu ne, kuma mafi haɗari shi ne ruwan sama na farko da aka tara daga indararo, domin ya wanko duk abin da ke kan rufi. Ruwan famfo da ke zuwa daga madatsar Gubi, ko ta Dadin Kowa ga mutanen Gombe, a yi wanka da shi, amma a jira sanarwa kafin a sha idan akwai wani. In kuwa babu wani, a sha, domin ƙishirwa tana kisa cikin kwanaki.

Hatsin da ke cikin rumbu mai rufi ko ɗaurarren buhu bai gurɓata ba, ko da radiyeshan ya ratsa shi, tunda ƙurar ba ta taɓa shi ba. Abin da aka bari a shanya, da ganyen miya da ke lambu kamar alayyafo da zogale da yakuwa, su ne za a haƙura da su. Rogo, dankali, doya da lemo ana iya wanke su sosai a fere.

Nono yana bukatar dogon bayani. A cikin ƙurar akwai wani nau'in aidin mai radiyeshan da ake kira aidin-131. Yana sauka a kan ciyawa, saniya ko akuya ta ci, cikin kwana ɗaya ko biyu ya fito a nononta, yaro ya sha, sai ya taru a wannan halitta ta maƙoshi da ke kumbura idan mutum ya yi maƙoƙo. Bayan haɗarin tashar nukiliya ta Carnobil da ke Yukren a ranar 26 ga Afrilun 1986, ta wannan hanya ce dubban yara a Yukren da Belarus da Rasha suka kamu da sankarar maƙoshi, saboda ba a hana su shan madarar shanun ƙauyukansu da wuri ba. Sauƙin abin shi ne ƙarfin aidin-131 yana raguwa da rabi duk kwana 8, ta yadda bayan wata biyu zuwa uku kusan babu shi. Don haka idan aka sanar cewa ƙura ta iso yankinmu, yara da masu ciki da masu shayarwa su dakata da nono da kindirmo na tsawon wannan lokaci, a koma madarar gari ko ta gwangwani da aka saya tun kafin abin. Makiyayi kuma ya killace dabbobin da ake tatsa, ya ba su harawa da dusa da ƙaiƙayin da ke ajiye a rufe, da ruwan rijiya. Na san wannan ba ƙaramin nauyi ba ne ga Bafulatanar da fura da nono ne abincin gidanta, shi ya sa tallafa mata a waɗannan makonni ya zama wajibi a kan hukuma da maƙwabta.

Mataki na shida: ƙwayar aidin da kula da marar lafiya

Akwai ƙwayar magani mai suna fotasiyam ayodaid wadda ke cika maƙoshi da aidin mai kyau domin marar kyau ya rasa wurin zama. Maƙoshi kaɗai take karewa, kuma daga aidin-131 kaɗai, sannan amfaninta yana ga shanta jim kaɗan kafin ƙurar ta iso ko cikin 'yan sa'o'i bayan haka. Ma'aunin Hukumar Lafiya ta Duniya shi ne miligiram 130 ga wanda ya haura shekara 12, 65 ga mai shekara 3 zuwa 12, 32 ga ɗan wata ɗaya zuwa shekara 3, da 16 ga jariri sabon haihuwa. Yara da masu ciki da masu shayarwa ake fara ba wa, domin wanda ya wuce shekara 40 amfaninta gare shi kaɗan ne. Ba a shan ta sai jami'an lafiya sun ce a sha. Aidin ɗin da ake shafa wa ciwo guba ne idan aka sha, gishirin miya mai aidin kuwa abin da ke cikinsa bai kai ko kusa ba, kuma yawan cinsa zai cutar tun kafin ya yi wani amfani.

Wanda radiyeshan mai yawa ya ratsa yakan fara da tashin zuciya da amai da gudawa da kasala. A lura da lokacin da aman ya soma, a rubuta, domin da shi likita zai kimanta girman cutar: wanda ya yi amai cikin awa ɗaya yana cikin babban haɗari, wanda ya wuce awa huɗu ko biyar bai yi ba yana da kyakkyawan fata. Sau da yawa marar lafiyar yakan ji sauƙi na kwanaki ko makonni, a ɗauka ya warke, alhali ɓargonsa ya daina samar da jini yadda ya kamata, daga baya zazzaɓi da zubar jini daga dasashi da zubewar gashi su biyo. A ba shi ruwan gishiri da suga, a tsabtace duk wani rauni, a raba shi da masu tari ko mura, kada a yi masa ƙaho ko tsaga ko sakiya, kuma da zarar hanya ta buɗe a kai shi babban asibiti, kamar Asibitin Koyarwa na Jami'ar Abubakar Tafawa Ɓalewa ko Asibitin Koyarwa na Tarayya da ke Gombe.

Bayan an fito

Idan hukuma ta ce a bar yanki, a bi hanyar da ta faɗa. In babu sanarwa kuma zama ya gagara, a yanke iska ta gefe, kada a bi ta kuma kada a tunkare ta: da hunturu daga arewa maso gabas take busowa, da damina kuwa daga kudu maso yamma. Masu komawa gida su yayyafa ruwa kafin shara domin kada ƙura ta tashi, su wanke rufi da daɓe, su kankare saman ƙasar tsakar gida su binne ta nesa da rijiya, kuma su hana yara wasan ƙasa har sai an auna. Aunawa aikin Hukumar Kula da Harkokin Nukiliya ta Nijeriya ne da masana irin na cibiyar binciken makamashi ta Jami'ar Ahmadu Bello a Zariya, domin ba a gane gurɓatacciyar ƙasa da ido.

Gona ce za ta fi daɗewa da ciwon. Wasu sinadarai biyu masu radiyeshan da ke cikin ƙurar, siziyam-137 da sitirontiyam-90, suna ɗaukar kimanin shekara 30 kafin ƙarfinsu ya ragu da rabi, kuma shuka tana zuƙar na farko a maimakon fotash, na biyu a maimakon sinadarin ƙashi da ke cikin farar ƙasa. Abin da manoman yankin Carnobil suka yi shi ne huɗa mai zurfi da ke tura ƙasar sama zuwa inda saiwa ba ta kaiwa sosai, da zuba takin fotash da farar ƙasa domin shuka ta ƙoshi da mai kyau ta rage zuƙar marar kyau. Manomin Bauchi ko Gombe zai iya yin haka da garmar shanu ko tarakta, amma sai bayan an auna gonar, domin inda ƙurar ta yi yawa kankare saman ƙasar a kwashe ya fi juya ta. Irin shuka da ke cikin rumbu ko tulu a rufe yana nan da kyansa, saboda haka a ware shi daga hatsin ci tun ranar farko, kada yunwar makonnin farko ta cinye shi.